Ranar Da Na Ce Ban San Adam Ba

Gadarif, ranar Laraba

Zuwa ga ɗana Ɗahiru,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ka gaisuwar uwa, ina roƙon Allah ya sa ka buɗe wannan takarda kana cikin ƙoshin lafiya. Allah ya tsare ka a hanyar Fau, ya tsare ka a sansanin sojan da za su ajiye ku, ya kare ka daga harsashi da zazzaɓi da mugun aboki.

Kwana uku ke nan ina rubuta ta a ƙarƙashin rumfa bayan la'asar. Kana wuce ni kana tsammanin addu'o'i nake kwafa maka, ni kuma na bar ka a kan haka. Zan cusa ta tsakanin rigunanka, don ba na so ka karanta ta ina kallon fuskarka.

Kada ka zaci zan sake cewa ka zauna. Na faɗa sau uku, ka sumbaci kaina ka ce, "Yumma, in kowa ya zauna, har ɗakinki mayaƙan nan za su shigo." Na ga matan da suka gudo daga yankin Jazira, na ji da kunnena abin da aka yi musu. Ka girma, ka yanke shawararka. Abin da ya rage mini shi ne in gaya maka kurakurai huɗu da na yi, domin yaƙi ya ratsa gidanmu sau uku, kuma kowane karo sai da na sa hannuna a cikin ɓarnar, ni da ban taɓa riƙe bindiga ba.

Na farko ƙarami ne, amma daga shi sauran suka tsiro. Ka san labarin kakana Malam Sambo, wanda aka goyo daga ƙasar Hausa bayan Nasara sun ci ta, iyayensa suka nufi Makka, ƙarfinsu ya ƙare a nan. Na sha gaya maka cewa a yaƙin Ingilishi da Taliyan ya kai wa soja harsashi har Gallabat, can bakin iyaka, jirage suna ruwan wuta a kansa bai ko sunkuya ba, a nan ya rasa yatsunsa biyu. Ɗahiru, ni na ƙirƙiri wannan labari. Ina 'yar shekara goma na dame shi da tambaya a kan yatsun, ya ce mini, "Ke dai jakina ya fi ni hankali, shi ya gudu tun da wuri." Daga nan bai ƙara ba. Na ga amsar ba ta da daɗi, na yi mata ado, na riƙa ba yaran unguwa, na ba ƙanena Isiyaku, daga baya na ba ka.

Sai da na yi aure Inna, mahaifiyata, ta gaya mini gaskiya. A kasuwa aka kama shi da jakinsa, shi da wasu, aka tasa su suna ɗaukar ruwa. Da jirgi ya saki bom ya faɗa cikin wani kwazazzabo, ya yini a kwance tsakanin matattun jakuna da matattun mutane. Ya dawo gida a ƙafa, ya shekara bai iya cin nama ba. Nasara biyu ne suke faɗa a kan ƙasar da ba ta ɗayansu ba, shi kuwa ko sunan abin da suke faɗa a kai bai sani ba. Na ji wannan, amma ban daina ba da nawa labarin ba, don ya fi daɗin faɗa.

A sansani za ka tarar da masu baki irin nawa. Za su ba ku labarin yaƙi har jininku ya tafasa. Ka tambayi kanka ko mai maganar ya taɓa zuwa. Ka nemi tsohon sojan da yake zaune gefe ba ya cewa komai, ka zauna kusa da shi, abin da ya ce ka yi shi za ka yi.

Na biyu shi ne kawunka Isiyaku, wanda hotonsa yake rataye a ɗakina. Kai ka san shi a matsayin shahidin gidanmu. Ni na san shi tela. Yana da kekensa a wata baranda a kasuwar Gadarif, yana ɗinka jallabiya, shekararsa ashirin, ba ya son hayaniya. In Inna ta ce ya yanka kaza sai ya kai wa maƙwabci.

A lokacin, yaƙin Kudancin ƙasar nan ya yi zafi. Motoci suna yawo da lasifika suna kiran matasa. Wata safiya ina layin famfo, wata mata ta dube ni ta ce wa ƙawarta, yadda zan ji, "Su waɗannan Fallata noma kawai suka sani. Sun ci ƙasar nan sun ƙoshi, amma ɗigon jininsu bai taɓa zuba mata ba." Ka san wannan kalma da suke kiranmu da ita, mu jikokin waɗanda suka zo daga ƙasar Hausa, ka san yadda take ƙuna. A nan aka haifi ubana, a nan aka haife ni, amma in mun je neman takardar zama ɗan ƙasa sai a ce mu kawo shaidar kakan kakanmu. Na dawo gida. Na tarar da Isiyaku yana cin abincin rana. Na cire mayafina na jefa masa a cinya, na ce, "Ungo, ɗaura. Ba ni wandonka in je, tunda gidan nan babu namiji."

Ya ɗago ya dube ni. Ya ce, "Yaya, ni wallahi tsoron jini nake ji. Kin sani."

Na ce, "Kakanka bai ji tsoro ba a Gallabat."

Na san ƙarya ce lokacin da nake faɗa. Ya ninke mayafin ya ajiye a kan gado, ya wanke hannu bai gama ci ba. Bayan kwana goma ya rubuta sunansa. Ranar tafiyarsu na tsaya a gaban jama'a a tashar lori na rangaɗa guɗa, ina waige-waige ko matar famfo tana nan ta gani.

Wata bakwai aka yi. Wata ranar Juma'a da hantsi sai ga motoci a ƙofar gida, da mutane masu tsabtatattun kaya, da masu ganga. Suka kafa rumfa, suka raba alewa. Suka ce bikin shahidi za a yi, Isiyaku ango ne yau a Aljanna, haramun ne a yi kuka. Ɗaya daga cikinsu ya tsaya ya ce da aka ɗauki gawarsa ƙanshin miski ne ya cika dajin. Inna tana zaune a ƙasa. Na ga bakinta ya buɗe za ta kurma ihu, na sa tafin hannuna na toshe shi. Na ji haƙoranta a tafina. Na riƙe ta haka, na ɗaga kai na yi guɗa, sauran mata suka amsa. Uwa ta rasa ɗanta, na hana ta kuka don kada manyan baƙi su ce Fallata ba su da imani.

Inna ba ta taɓa yi mini faɗa a kan haka ba. Ta daina kiran sunana ne kawai. In tana son ruwa sai ta ce, "A ba ni ruwa." Damina biyu ta ƙara ta rasu. Kalmar nan kuwa ba a daina kiranmu da ita ba. Ko wata biyu ba a yi da bikin ba na sake jin ta a layin famfon.

Don haka ka ji ni da kyau. Kada ka je ko'ina don wani ya ce ka cika ɗan ƙasa, ko ka cika namiji. Wanda bai yarda da kai kana raye ba, ba zai yarda da kai don ka mutu ba. In ka ga wani a cikinku yana jin tsoro, kada ka yi masa dariya, kada ka bari a yi masa a gabanka. Kai ma in tsoro ya kama ka, ka faɗa, ba abin kunya ba ne. In kuma Allah ya ƙaddara aka zo mini da labarinka, ka sani babu mai kafa rumfa a ƙofata. Kuka zan yi har muryata ta dushe.

Na uku a kan mahaifinka ne, Allah ya jiƙansa. Kai ka taso ka gan shi mutum mai shiru, mai saurin fushi, wanda yake tashi ya bar wuri in an ƙona ciyawa. Ka tuna ranar da ya mare ka don ka cinna wa tarin kara wuta a bayan gida, kana ɗan shekara takwas? Ka yi kwana biyu ba ka yi masa magana ba, ni kuma na ce maka halinsa ne. Ba halinsa ba ne. Haruna da na aura mai raha ne, direban lori, in ya dawo daga tafiya tun daga bakin layi ake jin dariyarsa.

An karɓi lorinsa da shi kansa a lokacin yaƙin, yana kai wa soja dawa da man fetur Kudu. Allah ya haɗa shi ayari ɗaya da Isiyaku. Ya dawo bayan bikin da wata biyar, ya rame, idanunsa sun faɗa. Kwana uku da dawowarsa ya kira ni gindin bishiyar maina da tsakar rana, ya ce, "Zainabu, zauna. Akwai magana a kan Isiyaku."

Ni kuwa a lokacin na zama yayar shahidi. Ana kirana taron mata in yi jawabi, ana ba ni kujerar gaba. Na tsaya a kansa na ce, "In ba ƙanshin miskin za ka gaya mini ba, ka riƙe abinka."

Ya riƙe. Shekara ashirin da wani abu yana riƙe da shi. Da ya fara zabura daga barcin rana yana ihu, na ce aljanu ne, na kai shi wurin malamai, aka yi ta ba shi rubutu yana sha. Da ya ajiye tuƙi ya koma noma, na ce ragwanci ne. Ban taɓa zama na ce, Haruna, me ka gani ba.

Sai a asibiti, kana Khartum kana karatu, saura kwana huɗu ya rasu. Na kawo masa kunun safe, ya kama hannuna ya ce, "Yau kam za ki ji, ko kina so ko ba kya so." Ya ce sun isa wani ƙauye a bakin kogi, bukkokin ciyawa irin namu, mutanen sun gudu. Babban sojan ayarin ya ce a ƙona, kada 'yan tawaye su samu mafaka. Aka ba matasa ragga da fetur. Isiyaku ya ja baya, aka daka masa tsawa, ya cinna wa bukkar da ke gabansa. Bai leƙa ciki ba. Ashe akwai wata tsohuwa a kwance, wadda ba ta iya gudu. Suka ji muryarta. Ya yi ƙoƙarin shiga, rufin ya riga ya faɗi. Babanka yana zaune a cikin lori yana kallo, fetur ɗin da aka zuba kuwa shi ne ya ɗauko shi a lorinsa.

Daga ranar Isiyaku bai ƙara cin abinci ba. A kwana na huɗu ayari ya tsaya a wata hanya da aka gargaɗe su kada kowa ya sauka gefe, don an binne nakiyoyi. Ya zo wurin babanka ya ce, "Yaya Haruna, muryarta irin ta Inna ce." Ya juya ya bar hanya, ya shiga cikin ciyawa yana tafiya a hankali, ana kiransa bai waiwaya ba. Babanka ne ya tattara abin da ya rage a cikin buhun dawa. Ya ce mini, "Babu miski, Zainabu. Ni na ɗauke shi."

Na zauna da kofin kunu a hannu har ya huce. Mutumin nan ya shekara ashirin yana kwana kusa da ni da wannan a cikinsa, ni na rufe masa ƙofa don ina son kujerar gaba.

Ɗana, za a ba ka umarni. Wani umarnin dole ne ka bi, in ba haka ba ku duka za ku halaka. Amma in aka ce ka ƙona, ko ka harbi wanda ya ɗaga hannu, ko ka shiga ɗakin mata, ka ce a'a, ko da za su ɗaure ka a rana. Ɗauri yana ƙarewa. Wanda ya ba kawunka umarni ya dawo gida ya yi ƙiba, na gan shi da idona a wani ɗaurin aure. Wanda ya riƙe wutar shi ne ya shiga ciyawa. Kada ka cinna wa komai wuta ba ka leƙa ciki ba. Kada ka ɗauki ko cokali daga gidan da masu shi suka gudu. In kuma ka ga abin da ya fi ƙarfin zuciyarka, ka nemi wanda za ka gaya wa. In ka dawo ka ce, "Yumma, zauna," wallahi zan zauna, ko mene ne.

Na huɗu shi ne dalilin wannan takarda. Duk abin da na rubuta a sama ina zagaye ne, don hannuna ya ƙi zuwa nan. Wannan da kai a cikinsa, kuma ba ka sani ba.

Shekarun da kake Khartum, akwai wani mutum da yake zuwa yankan riɗi, wanda ake kira simsim a nan, a gonarmu ta wajen Fashaga. Sunansa Adam, daga can yamma yake, Darfur. Kaka biyu ya yi mana aiki. Dogo ne, yana da wushirya, ba ya fara cin abinci sai ya ga kowa ya samu. Wata rana lauje ya yanke shi a hannu, ni na wanke masa da ruwan gishiri na ɗaure da gefen tsohon mayafina. Yana kirana Hajja, yana ce mini in Allah ya yarda wata rana zai kawo matarsa ta gaishe ni. Kai ba ka taɓa ganinsa ba.

Ka tuna yadda garin nan ya zama bayan Madani, babban birnin Jazira, ta faɗi. Makarantu sun cika da 'yan gudun hijira, kowa yana barci da takalmi a kusa, kullum ana cewa gobe mayaƙan za su iso. Da jiragen nan marasa matuƙi suka faɗo a gari, sai magana ta bazu cewa akwai 'yan leƙen asiri a cikinmu, da waya suke nuna wa jirgi inda zai sauka. Aka ce a kula da baƙuwar fuska. Ku matasan unguwa kuka fara tsaro da sanduna.

Da safiyar nan ina layin gidan burodi. Na hango wani mutum a bakin layinmu, ya rufe rabin fuskarsa da rawani, ya ɗaga waya sama yana juyawa. Ban yi tunani ba. Na ɗaga murya na ce, "Jama'a, wancan me yake ɗauka?" Kafin in rufe baki kun kewaye shi. Kai ne ka kama hannunsa na dama ka murɗe. Wani ya fizge rawanin. Ya dubi jama'a, idonsa ya faɗa a kaina, sai fuskarsa ta saki kamar wanda ya ga ɗan'uwa. Ya ce, "Hajja Zainabu! Alhamdu lillahi. Ni ne Adam, na gonar simsim. Gaya musu, Hajja."

Na gane shi tun kafin ya yi magana. Na ga wushiryar, na ga tabon lauje a hannun da kake riƙe da shi. Wata mata da ke bayana ta ce, "Au, ashe mutuminku ne?" Layin duka ya juyo yana kallona. Abin da ya zo mini shi ne, yanzu za a ce Fallata ne suke ɓoye su, za a zo a bincike gidana, za a tafi da kai. Ka juyo ka ce, "Yumma, kin san shi?"

Na ce, "Ban san shi ba."

Ka yarda da ni, don ban taɓa yi maka ƙaryar da ka gane ba. Aka fara dukansa. Bai daina kirana ba har aka jefa shi a bayan mota. Na karɓi burodina na koma gida. Da ka shigo da rana kana cewa kun kama ɗaya, na zuba maka abinci.

Bayan kwana goma sha biyu wata mata ta yi sallama a ƙofa, ba ka nan. Ta ce sunanta Maryam, tana neman gidan Hajja Zainabu mai gonar simsim. Ta ce daga Jazira suka gudo ita da mijinta Adam da 'ya'yansu uku, kwana tara a hanya, an sauke su a makarantar 'yan mata ta bayan kasuwa. Ya ce mata ya san wata Hajja a garin nan, mutuniyar kirki, zai je ya nemo gidanta ko za ta ba su wani lungu su raɓa. Ya ari wayar maƙwabcinsu don ya kira wani da ya san unguwar. Tun ranar bai dawo ba. Wayar da na gani a sama, Ɗahiru, layin waya yake nema. Gidana yake nema.

Na shimfiɗa mata tabarma, na ba ta ruwa, na haɗa mata dawa da mai a leda. Na ce, "Allah sarki, na san shi, mutumin kirki. Amma bai iso nan ba." Ta yi mini godiya har da hawaye.

Wata uku ina cewa gobe zan je. Da na je ofishin da aka ce ana kai su, na ce ina neman wani Adam, na san shi, kuskure aka yi. Mutumin da ke kan tebur ya ce, "Adam wa? Hajja, rabin waɗanda ke ciki Adam ne." Ban san sunan ubansa ba. Kaka biyu yana cin abincina ban taɓa tambaya ba. Ya ce kuma in kula, masu zuwa neman irin waɗannan su ma ana rubuta sunansu. Na tashi na fito, ban koma ba.

A watan jiya aka sako ƙanen Malam Yahaya mai gyaran rediyo, wanda aka tsare bisa kuskure. Na je yi masa barka. Da mutane suka ragu na tambaye shi ko ya ga wani dogo mai wushirya, mai tabo a hannu. Ya ce ɗaki ɗaya suka zauna. Ya ce da damina kwalara ta shiga musu, Adam yana cikin waɗanda aka fitar a bargo. Sai ya ƙara da cewa, "Kullum in an buɗe ƙofa sai ya miƙe. Yana cewa akwai wata Hajja da ta tsorata ne kawai, in hankalinta ya kwanta za ta zo ta shaide shi." Bai san da wa yake magana ba.

Ɗahiru, alhakin nan nawa ne. Kai ka tambaya, ni na yi ƙarya. Na yi ta tunanin in bar ka cikin rashin sani, ka tafi da zuciya mai sauƙi. Amma nan da 'yan makonni za a tsayar da kai a shinge da bindiga a kafaɗa, motoci suna zuwa, kai za ka ce wannan ya wuce, wannan ya sauko. Za ka ga fuskoki daga yamma, za ka ji harshen da bai yi kama da na nan ba, na kusa da kai zai ce, "Wannan da gani nasu ne." Ina so a lokacin hannunka ya tuna hannun da ya murɗe a layin burodi. Fuska ba shaida ba ce, ƙabila ba shaida ba ce, mu ya kamata mu fi kowa sanin haka. In mutum ya ce yana da wanda ya san shi, ka je ka nemo mai shaidar da ƙafarka, ka ja shi gefe inda babu idon jama'a ka tambaye shi, domin mutum a gaban taro yana iya musun wanda ya sani sarai. In ka kama wani, ka tambayi sunansa da na ubansa da garinsu, ka rubuta, ka san inda aka kai shi. In kai ne ka san mutum, ka faɗa da ƙarfi tun a karon farko, kafin tsoro ya gama yi maka bayani.

Sauran ƙananan abubuwa ka san su. Kada ka sha ruwan hafira, tafkin nan da ake tara ruwan sama, sai ka tafasa. Ka cire takalmi ka shanya ƙafarka duk lokacin da ka samu dama. Kada ka ɗauki hoton gawa, ko ta wane ne. Ka riƙe sallarka, ko a zaune, ko da taimama. In an samu layi ka kira yayarka Hauwa, ita za ta kawo mini wayar.

Maryam tana nan. Tana sayar da shayi a ƙofar makarantar, babbar 'yarta tana wanke mata kofuna. Duk ranar da na wuce sai ta miƙe ta ce, "Hajja, har yanzu shiru, amma ina sa rai." Ba ta yi takaba ba, don ba ta san ta zama bazawara ba. Gobe in lorinku ya tashi ba gida zan dawo ba. Wurinta zan wuce, in zauna a kan bencinta in gaya mata duka, tun daga layin burodi. Ban san abin da za ta yi ba. In ta tofa mini miyau ta yi daidai. In ta yarda, ɗakinka yana nan babu kowa, su huɗu za su iya zama. In labari ya iske ka a Fau cewa unguwa tana magana a kan uwarka, kada ka yi faɗa da kowa, gaskiya suke faɗa.

In ka ga ba za ka iya yafe mini yanzu ba, kada ka tilasta wa kanka. Ka dai dawo da ranka ka yi fushin a gabana.

Na ba Allah ajiyarka, Shi da ajiya ba ta ɓata a wurinsa. Allah ya tsare gabanka da bayanka, ya tsare ka daga zalunci, naka da na wani. Allah ya jiƙan Isiyaku da Haruna da Inna, ya jiƙan tsohuwar bakin kogi da ban san sunanta ba, ya jiƙan Adam. Allah ya kashe wutar nan, ya mayar da kowa gidansa. Amin.

Wassalamu alaikum.

Mahaifiyarka,
Zainabu